Gadona a Gindin Dabino

Iferwan, Faburairu 1958

Zuwa ga ɗan kawuna, maigidana,

Gaisuwa mai yawa, da fatan kun isa sansanin Arlit lafiya, kuma kamyon, babbar motar taku, bai sake tafasa muku a hanya ba. Mu nan lafiya. Mahaifinka, Kawu Almustafa, ƙafarsa ta yi sauƙi har ya koma bin takarkarin da ke jan guga a garka. Tsohuwar maƙwabciyarmu Inna Gaji tana nan, bakinta ma yana nan.

Bayan haka, tun da kuka tafi ban daina komawa ranar Talatar nan ba. Bari in faɗa maka ita yadda na gan ta, don kai kana can kana riƙe wa Nasara ƙafafun akwatin hotonsa, ba na tsammanin ka ga abin da na gani.

Ina kwance kan tabarma da ɗan littafin nan da fatake suka kawo mini daga Kano, saura kaɗan in gama. Yarinyar cikin labarin tana jiran wani da ya tafi fatauci, kowa ya ce ta haƙura, ita ta ƙi. Sai na ji kamyo. Ka shigo da Nasaran nan da mutane suka sa wa suna Mai Kango, wanda ka yi sanyin bana kana yawo da shi cikin duwatsu, daga wannan mataccen gari zuwa wancan, garuruwan da suka zama kufai tun shekarar da soja suka kwashe kakanninmu. Ka sha ba ni labarin aikinsa muna dariya. Ka ce yakan kafa akwatin a bakin ƙofar da ba kowa, ya sa ido, ya yi ta ɗaukar hoton ba komai. Ba mutum, ba raƙumi, ba waƙa. Wani akwatin kuma yana sauraren iska. Ka ce ka taɓa tambayarsa ko ka yafa farin zane ka gilma masa kamar aljani, ya ce a'a, shi ba ya son aljani a silimarsa, so yake mai kallo ya zauna yana jiran aljanin har ya kasa haɗiye yawu.

A ranar ya ce kangayen nan sun daɗe da mutuwa, sun daina ba da tsoro. Yana son gidan da ɗumin mutane bai gama fita ba. Kai kuma ka ce, "Ga namu."

Ba zan ɗora maka duka ba. Na yi murna. Na shiga na ɗaura baƙin zanena mai turkuɗi, na sa kwalli, na ce yau Lalla za ta shiga silima, mutanen Faransa su gan ni kamar yadda nake ganin 'yan matan cikin littattafai. Na tsaya a bakin ƙofa na karkatar da kai. Ya dube ni, ya yi maka magana, ka sunkuyar da kai ka ce, "Wai ki fita, amma ki bar takalmanki."

Takalmana yake so. Da tukunyar da ke kan murhu da sauran tuwo a ciki, da ludayi a ƙasa, da littafina a kife kan tabarma yadda na ajiye shi. Na koma wajen katanga ba takalmi, inda mata suka taru suna leƙe.

Sai ya sa ido a akwatin ya daɗe, ya ɗago ya ce gadon ya cika ɗaki. Wai ya tare kusurwar can ta ciki, kuma can yake son idon mai kallo ya je ya rasa abin kamawa. Ban ji ka yi gardama ba. Na ga ka durƙusa ka fara kwance igiyoyi. Ka fito da sandunan gadon ɗaya bayan ɗaya a kafaɗarka, ka jingine su a gindin dabino.

Ka ji yadda katangar ta yi tsit? Inna Gaji ce kawai ta yi magana.

"Intala! Hannunka ne wannan, ko na aro?"

Ka yi dariya ka ce, "Inna, silima ce. Wasa ne."

Ta ce, "To gaya wa sandunan. Su ba su yi karatu a lakwal ba."

Kai ma ka san abin da take nufi, ɗan garin nan ne kai. Gadon nan mahaifiyata ta sa aka sassaƙa mini, mata suka shigar da shi ranar da aka kawo ka gidan. Namiji ba ya fitar da gadon mace sai ranar da ya gama da ita, ko ranar da aka kai ta kushewa. In kuwa kuskure ne, hannun da ya fitar shi ke mayarwa, a gaban idanun da suka gani. Na tsaya ina jira ka mayar kafin ku tafi. Sai Nasara ya ja ƙofa, ya sa kwaɗo, ya jefa makulli a aljihu. Ka ce mini wai zai dawo ya ɗauki kusurwoyin nan daidai yadda ya ɗauke su yau, don a ga abin da lokaci ya yi musu, saboda haka kada a taɓa komai. Ka ce kwana kaɗan ne.

Ina ɗakin Inna Gaji, ina kwana kan buzu, ta ara mini takalman da suka yi mini yawa. Gidan uwata yana can a kulle da tuwona a ciki. Ka rubuto mini ranar da za ku dawo. Kuma ka san ban ga ƙarshen littafin ba, kullum ina tunanin ko mutumin ya dawo mata.

Matarka,
Lalla

Sansanin Arlit, Maris 1958

Zuwa ga Lalla,

Ina gaishe ki, ina gaida Baba, ina gaida Inna Gaji da bakinta. Ni lafiya lau, sai ƙishi. Tijjani mai tsaron mangaza, ɗakin ajiyar kayanmu, shi ke rubuta mini, shi ne ya karanta mini taki, ya ce bai taɓa ganin wasiƙa mai tsawon rawani ba sai wannan.

Nan ba garka, ba itace, ba inuwa sai ta ƙarƙashin kamyo. Aikina in ɗauki Nasaru da wani ƙaramin akwati mai kuka kamar gyare. In ya yi kuka da yawa a kan dutse sai su yi murna su kafa turke. Ban san me dutsen yake da shi ba. Sun ce wata rana za a yi gari a nan, da fitilu marasa mai, da gidajen siminti, kuma direbobin farko su za a fara ba.

Maganar Mai Kango. Ya tafi Faransa wanke hotunan, ya ce zai dawo. Abokin shugaban sansanin nan ne, garinsu ɗaya. Shi ya yi magana aka ba ni sabon kamyo, aka ce na zauna ke nan, ba na ɗan lokaci ba. Ya gaya wa shugaba cewa ni mutum ne mai riƙe alkawari, har gidana na ba shi. Saboda haka kada a buɗe ƙofar. In aka taɓa gidan, ni aka taɓa.

Maganar gado, itace ne. Ki sa a rufe shi da tabarma kada rana ta tsaga shi. Matan garinmu in sun rasa abin faɗa sai su ja akuya da zance. Ban ce miki komai ba, ban ce wa kowa komai ba. In ya dawo tare za mu zo, in mayar da shi, Inna Gaji ta yi guɗa.

Na aiko miki da takalma ta hannun direban da ya kawo wannan. Na roba ne, irin na birni.

Mijinki,
Intala

Ni Tijjani mai rubutu ina gaisuwa. Na ce masa ya ƙara wata magana mai daɗi, ya yi ta kallon taya, ya ce ta sani.

Iferwan, Afrilu 1958, cikin azumi

Zuwa ga direban Nasara,

Ina gaishe ka, yaya azumi a wurin da ba inuwa? Mu nan lafiya, an yanke alkama. Takalma sun iso, na gode. Sun yi mini kaɗan, kamar yadda na Inna suka yi mini yawa. Waɗanda suka yi mini daidai suna can bayan kwaɗo.

"Ta sani." A littattafan da nake karantawa, in mutum ya yi nisa yakan rubuto cewa ya ga fuskar matarsa a cikin wata, ko abinci ya daina yi masa daɗi. Ni nawa ya kalli taya. Na karanta wasiƙar har takarda ta yi laushi ina neman inda ka ɓoye ni, na tarar da gado, da kamyo, da akuya.

Ka ce itace ne. To ji abin da itace ya yi. Kafin azumi an yi suna a gidan Ahmudu maƙeri. Na shiga na nufi tabarmar matan aure, sai matar gidan ta kama hannuna da fara'a, ta zaunar da ni can wajen zawarawa. Ba wadda ta yi mini dariya, da ma sun yi. Wata ta matsa mini wuri ta ce, "Zauna, 'yar'uwa, farkon ne mai wuya." Ba a jima ba wata tsohuwa ta kawo mini ganyen shayi da sukari a ƙulle, wai Jibrin mai raƙuma yana gaishe ni, yana tambaya ko idda ta yi nisa. Na mayar masa da kayansa. Inna Gaji ta ce, "Da kin bar sukarin, shi ba ruwansa."

Na ce mata ai ba ka sake ni ba. Ta ce, "'Yar nan, ni sanduna na gani a kafaɗarsa. Takarda ke kika gani, ni ban iya karatu ba." Na tambaye ta, in an buɗe ƙofa ko ni in shigar da gadon, tunda nawa ne. Ta ajiye abin da take yi ta dube ni. Ta ce macen da ta ɗauki gadonta da kanta ta shigar, ta gaya wa gari ke nan cewa ɗakin nata ne ita kaɗai, ba ta jiran kowa. Ta ce in kiyaye hannuna.

Da rana tsaka, in gari ya kwanta saboda azumi, nakan je in sa ido a tsagar ƙofar. Da farko ba abin da ya sauya, har na ji kamar in na yi sallama zan amsa wa kaina daga ciki. Yanzu rairayi ya shigo ta ƙarƙashin ƙofa ya miƙa harshe har bakin tabarma. Takalmana suna nan, ɗaya ya cika da ƙasa. Murfin tukunya ya faɗi, ban san abin da ya ture shi ba. Kuma kusurwar nan da gado ya tare a da, wadda ban taɓa kula da ita ba, can idona yake zuwa ya tsaya. Ba komai a wurin. Nakan daɗe ina kallon ba komai ɗin, ina jiran ya motsa. Nasaranka ya iya aikinsa. Bai ma gama silimar ba, ga ni ina kallonta ni kaɗai.

Mata sun daina bi ta gaban gidan. Sun ce gidan da aka kulle da abinci a tukunya, an gayyaci masu zaman kango ke nan. Ban ce na yarda ba. Amma na daina zuwa in rana ta yi sanyi.

Ga abin da ya fi damuna: rufin. Ka san kowace shekara kafin ruwa sai an hau an yi masa yaɓe, an shiga ciki an duba azara. Bara kai ka hau, ina miƙa maka laka kana cewa na cika mata ruwa. Bana tsaga ta buɗe kusa da indararo, ina ganin haskenta kwance a ƙasan ɗaki. Kakarmu ce ta ɗora azaran nan da ta dawo daga korar soja, ta tarar da gari ba kowa, ta ce ita dai a nan za ta hura wuta. Ka zo da Sallah, ko da makulli ko babu.

Matarka har yanzu,
Lalla

Iferwan, farkon Yuli 1958

Ɗan kawuna,

Gaisuwa. Ban san ko kana lafiya ba. Mu nan muna nan.

Ƙaramar Sallah ta wuce, Babba ma ta wuce. Duk kamyon da ya shigo gari sai na fita, takalman robarka suna cizona, in tsaya har ya sauke kaya ya tafi. Direbobi sun san ni, tun daga nesa suke girgiza mini kai. Wani ya ce an tura ku arewa can wajen iyaka, wani ya ce ya gan ka a Agadas kana shan shayi. Na zaɓi ta farko na gaskata.

Na daina karatu. Matar mushe, malamin lakwal, ta ara mini wani littafi mai hotuna, na buɗe na ga mace tana kuka da kyau, gashinta bai ɓaci ba, na rufe.

Shekaranjiya Kawu ya zo da tsani da kwando zai hau rufin. Ni na tare shi. Na ce ka ce kada a taɓa, in an taɓa kai aka taɓa. Ya daɗe yana riƙe da tsanin. Ya ce, "Lalla, shi ɗana ne, amma ke 'yar ƙanwata ce, kuma a ɗakin nan aka haife ni. Kina tsaron maganar wanda bai tsare gadonki ba." Na ce ya ba ni lokaci kaɗan, wasiƙa tana hanya. Ya ce, "Je ki gaya wa hadari." Ya tafi ya bar tsanin a jingine kusa da sandunan.

Gajimare ya fara taruwa kan dutsen Tamgak. Gara ta kama ƙafar gadon ɗaya, na kankare, na ɗora sandunan kan duwatsu. Ko kalma ɗaya ce ka aiko. Ko taya ka kalla, a rubuto mini cewa ka kalla.

Lalla

Sansanin Arlit, ƙarshen Yuli 1958

Zuwa ga Lalla,

Ina gaisuwa. Ina lafiya. Ba na Agadas, wanda ya ce ya gan ni ƙarya yake. An kai mu arewa tun kafin Ƙaramar Sallah, na dawo na tarar da wasiƙunki biyu a mangaza.

Tijjani ya karanta mini ta farko a gindin kamyo, mutane suna wurin suna shan shayi. Da ya kai kan Jibrin da sukarinsa sai wuri ya kaure da dariya, ban ji sauran da kyau ba. Yanzu duk wanda zai miƙo mini kofi sai ya ce, "Da sukarin mai raƙuma ko babu?" Me ya sa kika rubuta sunansa? In so kike in san kina da masu so, na sani. Ki gaya wa Jibrin in na zo zai ga ko idda ta yi nisa.

Ban sake ki ba. Saki da baki ake yi, na tambayi malamin da ke jan mu salla ya ce haka ne. Bakina bai ce komai ba.

Maganar rufi. Kin yi daidai da kika hana Baba. Mai Kango ya rubuto wa shugaba, shugaba ya kira ni biro, wato ofishinsa, ya gaya mini. Ya ce hotunan gidanmu sun fi na duk kangayen da muka zaga, wai da ya nuna wa abokansa a can, wata mace ta tashi ta fita da aka nuno takalmanki. Ya ce ba zai zo ba sai bayan damina, da gangan, don yana son ganin abin da ruwa zai yi. Wai in rufin ya faɗo kan tabarmar da tukunyar, to silimar ta sami ƙarshe. Na ce gidan surukata ne. Shugaba ya dafa kafaɗata ya ce gidan laka ne, zan sami na siminti da famfo a sabon gari.

Lalla, ki yi tunani. Gidan nan ko bana ko baɗi zai faɗi. Ki bar shi ya faɗi da amfani. Bayan ruwa mu zo, ya ɗauka, in ɗora ki a kamyo ke da gadon, mu taho. An ba ni ɗakin kwano a nan kafin a yi ginin. A nan zan shigar da shi da hannuna, ko ba Inna Gaji.

Kafin ya tafi ya ɗauki sansanin nan ma, lokacin da kowa ya fita aiki, tantuna ba kowa. Na ce masa ai wannan ba kango ba ne, ba a ma gina shi ba. Ya ce zai zama, shi riga su kawai ya yi. Haka maganarsa take, kada ki sa ta a rai.

Mijinki,
Intala

Ni Tijjani. Ta biyun shi kaɗai na karanta wa. Ya tashi ya shiga ƙarƙashin kamyo ya daɗe, alhali ba abin da ya lalace.

Iferwan, Agusta 1958

Zuwa ga Intala,

Ina gaishe ka, ina fatan kana lafiya. Malam Tijjani, wannan ka ja shi gefe kafin ka karanta. Mu nan lafiya, an yi ruwa, garka ta sha.

Wasiƙarka ta iso da safe, na karanta ta a tsaye a inda kamyo ke tsayawa. Na rubuta maka cewa na mayar da sukarin, dariyar abokanka ta cinye wannan layin. Ba komai. Abin da na riƙe shi ne ƙarshen silimar. Duk watannin nan ina zaton mantawa aka yi da ni, na yi ta ba ka uzuri da hanya, da rairayi, da nisan Faransa. Ashe ba mantuwa ba ce. Jira ake rufin kakata ya faɗo, ni kuma ni ce mai gadin da ke hana a cece shi. Na tsaya gaban tsohon da aka haifa a ɗakin na hana shi hawa, don wata mace a Faransa ta ji tsoro da kyau.

Ka ce bakinka bai ce komai ba. Gaskiya ne. Da shi nake kuka tun ranar Talatar nan. Bai ce komai ba da aka ce in fita, bai ce komai ba da aka ce gado ya cika ɗaki, a biro ya ɗan buɗe, aka dafa maka kafaɗa ya rufe.

Ka ce za ka shigar da gadon a ɗakin kwano, inda ba wanda ya ga fitarsa. Na zauna na gwada ganin abin a raina, ka san na iya wannan. Na ga kaina a garin fitilu, da famfo, da takalman da suka yi mini daidai. Na ga ina leƙa taga ina jiran kamyo. Sai na ga Mai Kango ya kafa akwatinsa a ƙofar yana cewa in fita in bar takalmana, kai kuma kana riƙe masa ƙafafu.

A ranar, da azahar, hadari ya haɗu baƙi ƙirin kan Tamgak, iska ta fara kawo ƙamshin ruwa. Na ɗauki taɓaryar Inna. Ta ce, "Ina za ki da ita, ba hatsi?" Na ce kwaɗo zan daka. Ta dube ni, ta jawo mayafinta ta ce, "Ki buga ta gefe, tsakiyarsa ta fi ƙarfi."

Da ƙofar ta buɗe na kasa shiga. Wari ne na wurin da aka daɗe ba a yi numfashi ba. Jemagu sun rataye a azara, tuwon ya zama baƙin dutse, tsagar rufin ta isa hannu ya wuce. Na yi sallama da ƙarfi yadda Inna ta ce in yi, na ce masu gida sun dawo, a yi haƙuri a tashi. Sannan na tafi kai tsaye kusurwar nan na tsaya a cikinta. Bango ne. Akwai zanen da na yi da gawayi ina yarinya, raƙumi mai kama da akuya. Na zauna a wurin na yi kukan da ba irin na littafi ba.

Kawu ya zo ya ɗauki tsaninsa. Matan da suka daina bi ta ƙofar su suka kwaɓa laka, Ahmudu ya tokare azarar da ta tsage. Ɗigon farko ya same su a sama. Rufin ya yi yoyo, amma yana tsaye. Ka gaya wa Nasaranka silimarsa ba ta da ƙarshe. Na san abin da wannan zai jawo maka wurin shugaba, na san wataƙila sabon kamyon ya tafi ke nan. Na auna shi ina riƙe da taɓarya, ba da rashin sani na yi ba.

Littafin yana nan a kife, gara ba ta taɓa shi ba. Na karanta sauran a tsaye. Mutumin ya dawo mata a shafi na ƙarshe, da raƙuma da kuka da neman gafara. Itace duk ya jiƙe, da shafin na hura wuta.

Saura gado. Sanduna suna gindin dabino ruwa yana dukansu, mata sun tsaya a katanga, su ɗin dai na ranar nan. Kawu ya ce, "Ko a kai su ɗakina su jira shi?" Na dubi hanya. Wallahi na duba, Intala, na daɗe ina dubawa. Ba kamyo, ba ƙarar kamyo.

Inna Gaji ta ce a hankali, "'Yar nan, kin san abin da hannunki zai faɗa."

Na ce na sani.

Ban daina sonka ba, da na daina da ya fi mini sauƙi. Na ɗauki sandunan ɗaya bayan ɗaya a kafaɗata, na shigar, na ɗaure igiyoyin da kaina, a gaban idanun da suka ga fitarsu. Ba wadda ta yi guɗa. Ranar Juma'a ni da Kawu za mu je wurin liman a raba auren.

'Yar gwaggonka,
Lalla